Littattafan Elinor Ostrom biyu a ma'aunin fadamar Rima

A duk taron da aka zauna a Sakkwato domin tattauna rabon ruwan noman rani, ko rikicin burtali da mashaya tsakanin manoma da makiyaya, magana takan ƙare ne a ɗayan wurare biyu. Wasu su ce gwamnati ta karɓe abin gaba ɗaya ta zuba jami'anta, wasu kuma su ce a yayyanka a bai wa kowa nasa da takarda a hannu, domin a ganinsu duk abin da jama'a suka haɗu a kansa ba shi da mai kula da shi. Littattafai biyu na Elinor Ostrom, wato Governing the Commons wanda maɗaba'ar Jami'ar Kambirij ta fitar a 1990, da ƙaramin littafin da ya biyo bayansa a 1992 mai suna Crafting Institutions for Self-Governing Irrigation Systems, an rubuta su ne domin a nuna cewa akwai hanya ta uku, kuma talakawa sun daɗe suna bin ta tun kafin masana su waiwaye ta. Na karanta su da idon wanda aikinsa ya haɗa shi da ƙungiyoyin manoman fadama, saboda haka abin da ya dame ni shi ne ko za su amfani mai aiki a Wurno ko Goronyo ko Kware, kuma a wane wuri ne za su bar shi a kan hanya.

Marubuciyar Ba'amurkiya ce, an haife ta a 1933, ta rasu a 2012, kuma ta yi yawancin aikinta a Jami'ar Indiyana. Asalin karatunta kimiyyar siyasa ne, amma binciken da ta yi a kan dukiyar haɗaka, irin su makiyaya da daji da ruwan ban gona da wuraren kamun kifi, shi ya sa aka ba ta kyautar Nobel ta tattalin arziki a 2009 tare da Oliver Williamson, ta zama mace ta farko da ta samu wannan kyauta.

Babban littafin ya fara ne da ra'ayin da ya zo ya ƙalubalanta. A 1968 wani masanin halittu mai suna Garrett Hardin ya wallafa maƙala a mujallar Science, inda ya kwatanta makiyayar da kowa ke da damar sakin dabbarsa a ciki. Kowane makiyayi, in ji shi, zai ga cewa ribar ƙarin saniya ɗaya tasa ce shi kaɗai, alhali ɓarnar da za ta yi wa ciyawa za a raba ta ga kowa, don haka kowa zai yi ta ƙarawa har makiyayar ta mutu. Ostrom ba ta musa cewa hakan yana faruwa ba. Abin da ta ce shi ne Hardin ya kwatanta wurin da babu mai shi, babu iyaka, kuma masu amfani da shi ba sa magana da juna, sannan aka ɗauki wannan hoton aka liƙa wa wuraren da suke da masu su, da dokokinsu, da masu gadinsu. Wannan bambanci shi ne ƙashin bayan littafin, kuma ba ta tsaya kare shi da lissafi kawai ba, sai ta shiga kawo garuruwa da sunayensu da shekarunsu.

Misalin da ya fi kama hankalina yana cikin babi na farko, daga garin Alanya da ke gaɓar teku a Turkiyya, inda masunta kusan 100 suke kamun kifi da ƙananan jiragen ruwa. Bayan shekaru na rigima a kan wuraren da kifi ya fi taruwa, sai suka tsara wa kansu hanya. A kowane watan Satumba ana rubuta sunan duk masuncin da ya cancanta, a rubuta sunayen wuraren kamun da aka ware da tazara a tsakaninsu yadda ragar wani ba za ta tare wa wani kifi ba, sannan a jefa ƙuri'a kowa ya san inda zai fara. Daga Satumba zuwa Janairu kowane masunci yana matsawa wuri ɗaya zuwa gabas a kowace rana, daga Janairu kuma a juya zuwa yamma, domin kowa ya samu dama daidai a kan kifin da yake ƙaura ta wurin. Hikimar tana nan: ranar da layi ya kawo mutum wuri mai albarka zai isa da sassafe, kuma idan ya tarar da wani a wurin ba ya bukatar a biya shi albashi kafin ya ɗaga murya, sauran masunta ma za su goya masa baya domin kowa yana jiran tasa ranar. Ana ajiye kwafin jerin wuraren kamun a wurin shugaban gari da jami'an tsaro, amma masuntan ne suke gadin dokar. Babu wani ma'aikaci daga babban birni da zai iya zana wannan taswira, domin mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo.

Babi na uku shi ne zuciyar littafin, kuma idan mutum ba shi da lokacin karanta komai to ya karanta shi. A nan ta kawo ƙauyen Törbel a tsaunukan Suwizalan, inda mazauna suka rattaba hannu a kan yarjejeniyar makiyayarsu a 1483, kuma tun 1517 suke da dokar cewa ba wanda zai kai shanu makiyayar tsauni fiye da adadin da zai iya ciyarwa daga rumbunsa a lokacin sanyi. Ta kawo ƙauyukan Japan da dazuzzukansu. Sannan ta zo kan lambunan Balansiya a ƙasar Sifen, waɗanda mai karatu a Sakkwato zai ji kamar ya san su, domin yawancin tsarin rabon ruwansu ya samo tushe ne tun zamanin da Musulmi suke mulkin Andalus, kuma ya ci gaba bayan garin ya fita daga hannunsu a 1238. Ruwa yana bin layi daga gona zuwa gona, wanda layi ya zo kansa ya ɗebi abin da gonarsa take bukata ba tare da almubazzaranci ba, wanda kuma bai buɗe bakin magudanarsa a kan lokaci ba sai ya jira zagaye na gaba. Kotun ruwa tana zama kowace Alhamis a ƙofar babbar majami'ar garin, alƙalanta manoma ne da 'yan'uwansu suka zaɓa, ana sauraron ƙara da baki a yanke hukunci nan take. Tarar da ake ci ba ta da yawa, kuma Ostrom ta dage a kan cewa wannan ba rauni ba ne: wanda ya saci ruwa sau ɗaya a shekarar fari ana son ya san cewa an gan shi, ba a son a karya shi ya fita daga ƙungiya da ƙiyayya. Idan ya maimaita sai hukuncin ya ƙaru.

Amma darasin da na fi son shugabannin ƙungiyoyin masu amfani da ruwa na yankinmu su ji shi ne na manoman arewacin Filifin. Duk wanda ya taɓa tsayawa a bakin magudanar ruwa a watan Maris ya san yadda abin yake: na kusa da bakin ruwa shinkafarsa tana tsaye cikin ruwa har ya malala kan hanya, na can ƙarshen layi kuma ƙasarsa ta tsage, yana yawo da fartanya da tocila cikin dare yana neman inda aka toshe da buhun yashi. Su waɗannan manoma sai suka raba filin kashi-kashi daga sama zuwa ƙasa, kowane ɗan ƙungiya yana da yanki a sama da tsakiya da ƙarshe, yadda babu wanda zai ce matsalar ƙarshen layi ba tasa ba ce. Ladan shugaban ƙungiya kuma gona ce da ake ba shi a can ƙarshen magudana, saboda haka idan ruwa bai kai ƙarshe ba shi ne farkon wanda zai yi asara. A shekarar da ruwa ya yi ƙaranci sai a bar kashin ƙarshe gaba ɗaya ba a noma shi ba, asarar ta hau kan kowa daidai. A wurare da yawa a nan, shugaban ƙungiya yakan kasance mai gona mafi kusa da bakin ruwa, domin shi ne mai hali kuma shi ne jami'ai suka sani, sannan a yi ta mamakin abin da ya sa ba a gyara magudanar ƙasa.

Daga waɗannan misalai ta fitar da ƙa'idoji takwas da ta ga suna maimaituwa a wuraren da tsarin ya daɗe bai rushe ba. Ta yi taka-tsantsan ta ce ba takardar magani ba ce da za a kwafa a kai ko'ina, ko da yake masu rubuta takardun neman tallafi sun mayar da su hakan. Biyu daga cikinsu ne suka fi shafarmu. Ta farko ita ce mai gadin doka ya kasance ɗaya daga cikin masu amfani da dukiyar ko kuma wanda suke iya tuhuma. Ta biyu ita ce hukuma ta amince cewa mutanen wuri suna da ikon kafa dokarsu, kada wanda aka ci tara ya tsallake ya tafi wurin wani babba a soke hukuncin. Wannan ta biyun ita ce ta fi mutuwa a hannunmu.

Mai karatu daga ƙasar Sakkwato zai lura cewa ba baƙon abu ake gaya masa ba. Hadisin da ya ce mutane abokan tarayya ne a ruwa da ciyawa da wuta sananne ne a zaurukan karatu, kuma Malam Abdullahi ɗan Fodiyo ya yi rubutu a kan hukuncin mallakar ƙasa da raya wadda ba ta da mai ita, har da hurumin gari da na rijiya da wurin da shugaba yake keɓewa domin kiwo. Sarkin Ruwa yana hana kamun kifi a wani tafki har sai lokacin da aka sa ya yi, kuma a Argungu ana rufe Matan Fada ga masunta har ranar gasa, abin da ya sa ake samun manyan kifaye a ranar. Ardo da Sarkin Noma da hakimi sun san inda burtali ya bi da ranar da ake sakin shanu su shiga karan gona bayan an kwashe amfani. Amfanin littafin a nan shi ne ya ba wa ɗalibi da ma'aikaci hujjar da zai tsaya a kanta a gaban masu ganin cewa waɗannan tsare-tsare tarkacen da ne. Ta ma ambaci Nijar cikin ƙasashen da gwamnati ta mayar da dazuzzuka mallakarta da niyyar kare su, sai aka wayi gari dokar ƙauye ta faɗi, ma'aikatan gandun daji kuma ba su da yawan da za su tsare dajin, ya koma na kowa da kowa. Wanda ya karanta wannan zai sake duban Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978, wadda ta damƙa ƙasar jiha a hannun gwamna, da dokar keɓe wuraren kiwo ta Jihar Arewa ta 1965, ya tambayi kansa wane ne a yau yake da ikon hana mutum ya nome burtali, kuma wane ne zai yi asara idan bai hana ba.

Babi na huɗu yana da nauyin karatu, domin shafuka ne masu yawa a kan shari'o'in ruwan ƙarƙashin ƙasa a yankin Los Angeles na Kalifoniya, inda ta yi binciken digirinta na uku, kuma mutum zai gaji da sunayen garuruwa da kamfanonin ruwa. Duk da haka ba na ba da shawarar a tsallake shi gaba ɗaya. Tun daga shirin Fadama na farko da Bankin Duniya ya tallafa a shekarun 1990, ƙananan rijiyoyin bututu da injinan ban ruwa suka maye gurbin jigo a fadamun Rima, kuma kowane mai albasa ko tafarnuwa yana zuƙo ruwa daga tafki ɗaya da ke ƙarƙashin ƙafafunsu wanda ba wanda yake ganinsa. A da tsadar fetur ita ce take sa mutum ya kashe inji. Bayan cire tallafin mai a 2023 manoma da dama sun koma injin mai aiki da hasken rana, wanda ƙarin awa ɗaya na ban ruwa ba ya cin ko kwabo, don haka wannan birkin ma ya tafi. Abin da babin ya nuna shi ne mutanen Kalifoniya ba su iya yin yarjejeniya ba sai da aka auna ruwan aka sanar da kowa adadin da ake zuƙa da adadin da yake komawa, kuma hukuma ce ta taimaka da awon, ta bar masu ruwan suka sasanta rabon. Wannan aiki ne da Jami'ar Usmanu Danfodiyo da hukumar raya kogunan Sakkwato da Rima za su iya yi.

Babi na biyar ya tattara wuraren da abin ya lalace, a Sri Lanka da Turkiyya da Kanada da wasu sassan Kalifoniya, kuma ya ƙare da jadawalin da ya jera kowane wuri a gaban ƙa'idojin domin a ga wadda ta ɓace. Na yaba da wannan, domin marubuci da yake son ra'ayinsa ya karɓu yakan ɓoye irin waɗannan misalai. Babi na biyu da na shida na malaman jami'a ne.

Ƙaramin littafin na 1992 ya fi sauƙin harshe, bai wuce abin da mutum zai karanta a zama biyu ba, kuma ya tsaya a kan ban ruwa kaɗai. Hujjarsa ita ce gwamnatoci da masu ba da rance sun iya zuba kuɗi a siminti da ƙofofin ƙarfe, amma ba sa ba da lokaci ga tsara wanda zai buɗe ƙofa, da wanda zai yashe magudana, da wanda zai karɓi kuɗin ruwa, da inda kuɗin zai tafi. Binciken da ita da abokan aikinta suka ci gaba da yi a Nepal ya nuna cewa magudanan da manoma suke gudanarwa da kansu, ko da na ƙasa da duwatsu ne, sukan fi na hukuma kai ruwa ƙarshen layi, kuma ɗaya daga cikin dalilan shi ne na sama yana bukatar hannun na ƙasa a ranar gayyar gyara, don haka ba ya iya hana shi ruwa. Da zarar an zuba siminti na dindindin, wannan bukatar ta kau. Ba sai an je Nepal ba kafin a fahimci nauyin wannan magana. Madatsar Bakolori da aka kammala a 1978 an tsara ta ne daga sama, manoman da aka karɓe wa gonaki suka yi bore a kan diyya, aka murƙushe su da ƙarfin bindiga a 1980 aka kashe mutane da dama, sannan na ƙasa da madatsar suka rasa ambaliyar da shinkafarsu da kifinsu suka dogara da ita. Shirin inganta noman ban ruwa na TRIMING da Bankin Duniya ya tallafa, wanda ya shafi Bakolori da tsakiyar kwarin Rima, ya sa kafa ƙungiyoyin masu amfani da ruwa a cikin ginshiƙansa, kuma duk wanda aka ɗora wa wannan aiki ya kamata ya riƙe wannan ɗan littafi, ko don ya gane cewa ƙungiyar da aka rubuta wa tsarin mulki a ofis aka kawo mata ta sa hannu ba ita marubuciyar take nufi ba.

Inda littattafan suka gaza mana kuwa ba ƙaramin wuri ba ne. Ita da kanta ta faɗi iyakar bincikenta: ƙananan wurare ne a cikin ƙasa ɗaya, masu mutane daga 50 zuwa 15,000. A kusan duk misalanta na nasara, masu amfani da dukiyar sana'arsu ɗaya, suna zaune wuri ɗaya, kuma suna sa ran jikokinsu za su gaje su a wurin. Fadamarmu ba haka take ba. Fili ɗaya ne masunci yake shiga idan ruwa ya cika, manomi ya shuka idan ya janye, makiyayi kuma ya sauko da rani yana neman ɗanyar ciyawa da hanyar zuwa mashaya, kuma noman rani da ya bunƙasa ya cinye watannin da a da na makiyayi ne. Ƙa'idarta ta farko, wato a san iyakar wuri a kuma san su wane ne 'yan ciki, ta dace da magudanar ruwa, amma makiyayin da yake tasowa daga Nijar ya ratso ta Illela ko Gada ya nufi kudu, rayuwarsa ta dogara ne a kan kada iyaka ta zama ta dindindin, domin ruwan sama ba ya sauka wuri ɗaya kowace shekara. Idan aka bi ƙa'idar a makance, ƙungiyar manoma za ta rubuta sunayen 'yan ciki ta bar shi a waje, kuma za ta yi hakan da hujjar littafi. Babu misali ko ɗaya daga Afirka da aka bi diddiginsa a babban littafin yadda aka bi na Sifen ko Filifin, kuma rashin nan yana bayyana a daidai wannan gaɓa.

Haka kuma ba ta ba da isasshen wuri ga bambancin ƙarfi ba. Tara mai hawa mataki-mataki tana aiki ne a tsakanin mutanen da suke jin kunyar juna kuma za su haɗu a masallaci da kasuwa. A Isa da Sabon Birni da sassan Raba da Goronyo, inda 'yan bindiga suke sa wa ƙauyuka haraji kafin su bari a je gona, babu dokar ƙungiya da za ta tsaya, kuma littafin ya ɗauka ne cewa akwai hukumar da aƙalla take tsare rayuka. Sannan ruwan da manomin Wurno yake rabawa da maƙwabcinsa yana zuwa ne daga madatsar Goronyo, wadda ba shi da ta cewa a kan ranar buɗe ta. Ambaliyar 2010 da ta karya gadar hanyar jami'a, da janyewar ruwan madatsar a ranin 2018 har birnin Sakkwato ya shiga ƙarancin ruwan sha, duk abubuwa ne da suka fi ƙarfin kowace ƙungiyar ƙauye. Ƙa'idarta ta takwas ta yi maganar ƙananan ƙungiyoyi su shiga cikin manya mataki-mataki, amma bayanin da ta yi a kanta gajere ne ƙwarai idan aka kwatanta da girman matsalar a kogi irin Rima.

Ta fuskar kaya, bugun babban littafin da aka sake fitarwa a 2015 mai bangon takarda ne, rubutunsa a fili yake, sai dai bayanan ƙarin haske suna can ƙarshen littafi, mutum ya yi ta juya shafi gaba da baya. Turancinsa na jami'a ne, kuma zane-zanen lissafin da ke babi na farko za su iya korar mai karatu tun kafin ya kai ga labarin Alanya, alhali ana iya tsallake su ba tare da an rasa zaren magana ba. Ni sai da na yi odarsa ta intanet, kuma da canjin dala na lokacin da na saye shi kuɗinsa ya fi ƙarfin yawancin ɗalibai, don haka ya fi dacewa sassan koyar da tattalin arzikin noma da ofisoshin ayyukan gona su saya su ajiye a ɗakin karatu. Ƙaramin ya fi wuyar samu a buge saboda tsohon bugu ne. Malamin gona da shugaban ƙungiyar masu ruwa su fara da ƙaramin, ɗalibin jami'a da mai tsara manufa su karanta babi na ɗaya da na uku da na biyar na babban, wanda kuma aikinsa sasanta manoma da makiyaya ne ya haɗa da zama da Ardo da Sarkin Noma na yankinsa, domin abin da ya shafi burtali ba ya cikin ko ɗaya daga littattafan biyu.